Hukuncin Da Ya Shekara 11 Yana Jira

'Yan uwana mata, sau nawa muka ji alƙali ya yanke wa tsohon miji kuɗin ciyar da yara, matar ta fito tana murna, amma wata ya zo ya wuce ko kwabo ba ta gani ba? To, wannan jan ƙafa shari'a na kiransa raina kotu, kuma ba talaka kaɗai yake kamawa ba.

A 1992 aka tilasta wa wani ɗan sanda yin ritaya. Bawan Allahn nan ya yi ta bin haƙƙinsa, har a 2011 Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ta ce a mayar da shi aiki. Shiru kake ji, kamar an shuka dusa. Sai ya shigar da ƙarar raina kotu. A manyan kotuna, ana fara kai wa mutum takardar gargaɗi, Fom 48. In ya yi kunnen uwar shegu, a bi shi da Fom 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi.

A Nuwamban 2022 kotun ta yanke wa Sufeto Janar Usman Alƙali Baba ɗaurin wata uku, alhali umarnin ya girmi hawansa kujerar. A Disamba ta janye ɗaurin, da aka nuna mata an fara bin umarninta.

Don haka 'yar uwa, takardar hukunci ba ta ajiya a ƙasan adaka ba ce. In an ƙi bi, koma gaban alƙali. Allah Ya bi wa mai haƙƙi haƙƙinsa, amin.