Jean Servais

Jean Servais ɗan wasan kwaikwayo ne haifaffen birnin Antwerp na ƙasar Beljiyam, wanda ya yi yawancin aikinsa a finafinan Faransa, inda aka fi ba shi matsayin mutumin da duniya ta gajiyar, saboda kaurin muryarsa da yanayin fuskarsa. Ko da yake galibi a matsayin mataimaki yake fitowa, wato wanda ba shi ne jigon labari ba, shi ne ya jagoranci fim ɗin Rififi na Jules Dassin a 1955, ya fito a matsayin ɓarawon da ya fito daga kurkuku, kuma wannan ne aikinsa mafi armashi. Ya rasu a birnin Paris a 1976.