Majigi a Ƙasar Hausa

Majigi shi ne fim ɗin da a da aka riƙa yawo da shi a mota ana nuna wa jama'a kyauta da daddare, a ƙofar fada ko filin makaranta. Ta nan mafi yawan mutanen karkarar Arewa suka fara ganin hoto mai motsi.

Majigi ya samo asali ne daga zamanin fim marar sauti. A irin wannan fim, fuska da motsi ke isar da saƙo.

A Najeriya, William Sellers, jami'in kiwon lafiya a Legas, ya fara amfani da fim wajen yaƙi da annoba a ƙarshen shekarun 1920, kuma a 1939 ya zama shugaban sashen finafinai na mulkin mallakar Ingila. Yawancin finafinan sashen ba su da magana, don haka mai sharhi ke riƙe lasifika yana bayani da Hausa. Labarin yakan zo da mutum biyu: mai hankali da ya bi shawarar likita ko malamin gona ya ci riba, da mai taurin kai da ya yi da-na-sani.

Gwamnatin Jihar Arewa ta gaji wannan salo. Fim ɗin Baban Larai na shekarun 1950 ya koyar da noman zamani, darasin da ya shafi manoman auduga irin na Ikara da Makarfi da Kudan a arewacin Zazzau. Kafin wasan, akan nuna rangadin Sardauna.

Gidajen sinima na kuɗi, kamar Rex da aka buɗe a Kano a 1937, sun bi tasu hanyar daban. Adamu Halilu ya mayar da littafin Shaihu Umar fim a 1976, sannan Turmin Danya na 1990 ya buɗe zamanin bidiyo. Har yau masu shirya finafinan Hausa na cewa aikinsu faɗakarwa ne.