Tsakanin Kasuwa da Murhu: Nazari a kan Cimar Mutanen Uzbekistan

Duk ɗalibin da ya daɗe a zauren malami har ya kai ga sauraron hadisi, ya san sunan Buhara da na Tirmiz tun kafin ya san ta wace kusurwar duniya suke, domin daga ta farkon ne Imamul Buhari ya fito, wanda aka haifa a shekarar 194 ta Hijira, watau 810 Miladiyya, aka kuma binne shi a ƙauyen Hartank kusa da Samarƙandi, daga ta biyun kuwa aka sami Imamu Tirmizi. Amma kaɗan ne daga cikinmu suka taɓa tambayar yadda mutanen waɗannan birane, waɗanda yau ke cikin Jamhuriyar Uzbekistan, suke ci suke sha, alhali kuwa cimar al'umma babi ce daga babukan tarihinta. Abin da nake son kafa hujja a kansa shi ne, matafiyin da ya tafi neman asalin abincin Uzbekawa a cikin tukunya ya ɓata hanya, gama da yawa daga abin da ke cikinta baƙo ne ya kawo shi, wani ta fatauci, wani ta yaƙi, wani ma ta zalunci. Abin da yake nasu halak malak shi ne ladubban da suka kewaye ci, da haƙƙoƙin da ke wuyan mai dafawa da wanda aka kira. Kasuwa ce ke ba da shaidar rabin farko na wannan magana, gida kuma ya ba da na biyun.

Sunan kasuwannin wannan ƙasa ba yau ya fara tafiya ba. Ibn Baɗuɗa, wanda ya ratsa Hawarizm wajen shekarar 1333, shekaru ashirin kafin ya iso Takadda ya ambaci Gobir a cikin Rihlarsa, ya yabi kankanar wurin yabon da bai yi wa ta ko'ina ba sai ta Buhara, ya kuma ba da labarin yadda ake yanyanka ta a shanya a rana, a ɗura a kwanduna, a kai ta har Hindu da Sin. Sarki Babur, haifaffen Andijan a 1483, ya yabi masu tuya gurasa da masu dafuwa na Samarƙandi, ya lura kuma cewa kowace sana'a tana da tata kasuwa daban. Wanda ya je Buhara yau zai tarar da wannan tsari a tsaye cikin tubali, domin ƙubbobin ciniki na ƙarni na 16 suna nan, ɗaya ta maƙeran zinariya, ɗaya ta masu huluna, ɗaya ta masu canjin kuɗi, ko da yake yanzu kayan tsarabar 'yan yawon buɗe ido ne suka cika su.

Kasuwar abinci ta haƙiƙa, inda uwargida ke cefane, ita ce irin Siyob ta Samarƙandi, wadda ke jikin masallacin Bibi Hanum da Sarki Taimur ya fara ginawa a 1399, ko Corsu ta Tashkent mai ƙatuwar shuɗiyar ƙubba. A Siyob za ka fara cin karo da tulin gurasa mai kauri da nauyi, fuskarta na ƙyalli, tsakiyarta a danne da zanen ƙananan huji, sa'an nan ka shiga layin zabibi baƙi da ruwan ɗorawa, da ƙwallon mishmish da aka gasa da gishiri har bakinsa ya tsage, da dunƙulen busasshen nono mai tsami da ake kira kurt, wanda Bahaushen Damagaram zai ɗauka ƙanen cuku ne. Mai kaya ba ya barinka ka wuce sai ka ɗanɗana, ko ka saya ko ba ka saya ba. Amma mai lura ba zai tsaya ga ɗanɗano ba, zai tambayi kowane abu daga ina ya zo. Tumatir da dankalin Turawa, waɗanda yau ba a raba su da girkin gida, sun yaɗu ne bayan da Rashawa suka ci Tashkent a 1865 da Samarƙandi a 1868. Taliyar lagman da ake ja da hannu ta gangaro ne daga gabas, daga wajen Uigurawa da Musulmin Sin. Matan da ke zaune bayan tulin yankakken karas mai yaji da tsami kuwa, jikokin Koriyawa ne waɗanda Stalin ya kwashe daga gabashin Rasha a 1937, mutum kimanin 170,000, ya zube su a Kazakistan da Uzbekistan. Da suka rasa kabejin da suka saba tsimawa, sai suka koma ga karas, har abin ya zama cimar kowa. Mafi nauyin shaida shi ne man angurya, wanda aka daɗe ana dafa shinkafar ƙasar da shi a madadin man riɗi da makamantansa, saboda hukumar Sobiyet ta mai da ƙasar gonar auduga, ta karkatar da ruwan kogunan Jaihun da Saihun zuwa gonaki tun daga shekarun 1960, har Tekun Aral ya janye ya bar jiragen masuntan garin Moinak a kan yashi.

Akwai wata mas'ala da za ta tsai da baƙon da ya tashi a kan mazhabar Imamu Malik, ita ce naman doki, wanda ake ɗurawa a hanji a kira shi kazi, ake kuma yayyanka shi a cikin siririyar taliyar norin a Tashkent. Mashhurin zance a wurin Malikawa shi ne hani, mutanen ƙasar kuwa Hanafawa ne, kuma ko da yake Abu Hanifa da kansa ya karhanta, manyan almajiransa biyu, Abu Yusuf da Muhammadu Shaibani, sun halatta, ga kuma hadisin Asma'u 'yar Abubakar a Sahihul Buhari da ke nuna an yanka doki an ci a zamanin Annabi, sallallahu alaihi wasallam. Saboda haka wanda ya kame bakinsa yana da madogara, amma ba shi da dalilin yamutsa fuska.

Idan aka shiga gida, sarkin abinci shi ne palov, wanda a bakin mutane aka fi kira osh. Na ga yadda maigida ke tsayawa a kan tukunyar ƙarfe mai faɗin baki, ya narka kitsen jelar tunkiya har ya bar ƙanzo, ya soya albasa sai ta yi ja, ya zuba nama, sa'an nan ya tula karas, mafi yawa rawaya, wanda aka yanka dogo-dogo da wuƙa, domin goga shi a magogi abin kunya ne a wurin gwani. Bayan an sa ƙwayar zira mai ƙamshi, wadda ake murzawa a tafin hannu, a zuba ruwa a bar romon ya nuna a hankali, sai a shimfiɗa wankakkiyar shinkafa a bisa ba tare da an juya ba, a cusa kan tafarnuwa ɗungurungum, idan ruwan ya tsotse a tara shinkafar ta yi tudu, a huda ta da tsinke don tururi ya sami hanya, a kife kwano, a rage wuta, kowa ya ja da baya. Amma fa a nan ittifaƙi ya ƙare. Mutumin Fargana yana son jar shinkafar devzira, ya soya kayansa su yi duhu, ya gauraya kafin ya zuba. Na Samarƙandi yana jera shinkafa a ƙasa, karas a bisa, nama a ƙoli. Yahudawan Buhara suna da nasu kore mai ganye. Ko hukumar UNESCO, da ta sa al'adar palov cikin jerin gadon ɗan Adam a 2016, a cikin shekarar 2016 ɗin ta kuma karɓi irin wannan daga Tajikistan, lamarin da ya isa ya nuna cewa girkin ba mallakin ƙabila ɗaya ba ne.

Abin da ba ya sauyawa daga Hiba zuwa Andijan shi ne ladabin shimfiɗa. Ba a kife gurasa, ba a yanka ta da wuƙa, babba ne ke gutsuttsura ta da hannu ya ajiye wa kowa, kuma da karya gurasa ake tabbatar da baiko tsakanin gidaje biyu. Mai shayi yana zubawa a finjali ya mayar cikin buta sau uku kafin ya miƙa, kuma ba ya cikawa, domin zuba kaɗan alama ce ta cewa yana nan a shirye ya ƙara, cika finjali kuwa kamar sallama ce. Baƙo ana zaunar da shi nesa da ƙofa, in an gama dattijo ya ɗaga hannu a yi fatiha a shafa. Mafi girman waɗannan duka shi ne osh ɗin asuba, wanda ake yi don aure ko sadakar mamaci: tun daren jajibere maƙwabta ke haɗuwa su yanka karas, gwanin dafuwa ya kwana a bakin wuta, bayan sallar asuba maza ɗaruruwa su zo rukuni-rukuni, mutum biyu ga faranti ɗaya, su ci cikin natsuwa, a yi addu'a, su tashi su ba wasu wuri. Dattawan unguwa, wadda suke kira mahalla, su ke tsara wannan, kuma wanda aka kira bai zo ba ba tare da uzuri ba, za a riƙe abin.

Mai ja zai ce, yawancin gidajen da matafiyi ke shiga a Buhara da Samarƙandi a yau, biya ake yi, an kuma tsara komai don idon baƙo. Wannan gaskiya ne, kuma lalle wanda ya sayi cin dare ya sayi zahiri ne. Sai dai ko a irin wannan gida, yaron da ke miƙa finjali da dama, hagunsa a ƙirji, ba domin kai ya koyi haka ba. Ja na biyu ya fi ƙarfi, shi ne cewa wannan karamci ya kan kai ga israfi, har magidanci ya tafi ƙwadago Rasha shekaru don ya biya bashin biki ɗaya. Majalisar dokokin ƙasar ta ga haka, shi ya sa a 2019 ta ƙayyade cewa kada baƙin biki su wuce mutum 200. Manufar mai kyau ce, amma a ganina ƙidayar baƙi ba ta taɓa inda almubazzarancin yake ba, gama kuɗin hayar ɗakin taro, da mawaƙa, da jerin motoci, ba su raguwa don an rage faranti, kuma idan aka tilasta wa mai biki ya soke sunaye, ba zai fara da surukansa ko manyan wurin aikinsa ba, zai fara ne da talakan ƙarshen layi, wanda osh ɗin asuba ke cikin 'yan lokutan da yake cin nama ya ƙoshi.