Manyan Siraran Mazari a Matsayin Ma'aunin Lafiyar Rafi

Masana ilimin ƙwari sun raba mazari gida biyu: masu kauri da ke baje fukafukai idan sun sauka, da sirara da ke naɗe su a bayansu. Daga cikin siraran akwai dangin Calopterygidae, manya masu jiki mai ƙyallin kore ko shuɗi, waɗanda rayuwarsu ta ɗauru ga ruwa mai gudu. A ganina, wannan ɗaurin ya ba su darajar da binciken muhalli a ƙasarmu bai ba su ba tukuna.

Hujjar tana cikin tsutsarsu. Tana zaune ne a saiwoyin bishiyoyi da ciyayin gaɓa, tana numfashi da wasu fallaye uku a ƙarshen jikinta, kuma a Turai takan kai shekara biyu kafin ta yi fiffike. Duk abin da ya samu ruwan a wannan tsawon lokaci, ita ya fara samu. Jinsin Calopteryx virgo, wanda Linnaeus ya raɗa wa suna a 1758, ba ya zama sai a ƙorama mai sanyi da inuwa da wadatar iska. Ɗan'uwansa Calopteryx splendens kuwa yakan jure wa kogi mai tafiyar hawainiya da laka. Wanda aka tarar daga cikinsu, shi ke faɗin halin ruwan.

Za a iya cewa na'urorin awo sun fi daidaito. Haka ne, amma na'ura tana auna ruwan ranar da aka ɗebo shi kaɗai, ga tsada. A Afirka ta Kudu, John Simaika da Michael Samways sun gina ma'aunin ingancin ruwa bisa ƙidayar jinsunan mazari, kuma ana aiki da shi.

Mu ma muna da namu. Phaon iridipennis, mai fukafukan da ke walƙiya a rana, yana bin rafukan da kurmi ya rufe a yawancin Afirka kudu da Sahara, har da Nijeriya. Sare itatuwan gaɓa, haƙar yashi da feshin maganin ƙwari a noman rani suna cinye irin waɗannan wurare. A 2021 ƙungiyar kiyaye halittu ta duniya, IUCN, ta bayyana cewa kashi 16 cikin ɗari na jinsunan mazari 6,016 da ta tantance suna fuskantar barazanar ƙarewa.

Ya kamata sassan nazarin halittu na jami'o'inmu su sa ɗalibai ƙidayar waɗannan ƙwari, rafi bayan rafi, kowace damina da rani.