Bakolori Da Haƙƙin A Ji Ta Bakin Talaka

Mu da muka tashi a bakin gulbin Rima, daga Argungu zuwa Birnin Kebbi, mun san ruwa yana da masu kula da shi tun kafin zuwan Turawa. Sarkin Ruwa ke faɗin lokacin da za a shiga su a Matan Fada da lokacin da za a bar kifi ya huta. Wanda aka zarga da karya doka, ana kiransa gaban manya ya faɗi nasa. Da mulkin En'e ya kafu, sai ga duba-gari yana leƙa randa da masai da kwata. Tsafta ta ƙaru, amma tsofaffi sun fi tuna tara da sammaci fiye da sauraro.

Darasi mafi ɗaci ya zo mana daga sama da gulbi. Tsakanin 1974 da 1978, kamfanin Impresit na Italiya ya gina madatsar Bakolori a kan gulbin Sakkwato kusa da Talatar Mafara. Ruwa ya cinye gonaki da ƙauyuka, aka tashi dubban mutane, diyya kuma ta zama abin jayayya. Manoma suka yi ta kai kuka, da suka gaji suka tare hanyoyin aikin. A watan Afrilun 1980, zamanin Gwamna Shehu Kangiwa, 'yan sandan kwantar da tarzoma suka buɗe musu wuta. Hukuma ta ambaci adadi kaɗan, mutanen yankin da masu bincike suka ce ɗaruruwa ne suka mutu.

Na ƙasa da madatsar kuwa, ba wanda ya tambaye su komai. Ambaliyar da ke shayar da fadama kowace damina ta ragu, shinkafa da kifi suka ja baya. Gulbin Sakkwato yana haɗuwa da Rima kafin ya iso gare mu, saboda haka shawarar da aka yanke a can, a tukunyarmu take ƙarewa.

Doka ta sauya daga baya. A 1988 aka gano gubar masana'antu da aka jibge daga Italiya a garin Koko da ke jihar Delta ta yanzu, abin da ya sa aka kafa hukumar kare muhalli ta tarayya a shekarar. A 1992 aka yi dokar tantance illar manyan ayyuka ga muhalli, wadda ta bai wa jama'a damar faɗin ra'ayinsu kafin a amince da aiki. Sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya tanadi cewa hukumar da za ta yanke shawarar da ta shafi haƙƙin mutum ta ba shi damar gabatar da nasa bayanin tukuna. Shi dai wannan kundi ya ɗora wa ƙananan hukumomi kwashe shara da kula da kasuwanni da mayanka.

To, a nan gizo ke saƙa. Rahoton tantancewa akan ajiye shi a sakatariya na kwana 21 na aiki, cikin Turanci mai kauri. Masunci da matar da ke turara shinkafa ba su san an ajiye ba, balle su karanta. Tun da aka ƙaddamar da shirin bai wa manoma rance a Birnin Kebbi a 2015, noman shinkafa da injinan casa sun bunƙasa, tare da su kuma ƙaiƙayi da hayaƙi da maganin feshi da ke gangarawa gulbi.

Haƙƙin sauraro na ɓangare biyu ne. Mahaucin da za a rufe wa mayanka yana da shi, haka ma unguwar da ƙazamin ruwan mayankar ke ratsawa. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Abin da muke nema ba mai tsada ba ne: a yi shela da Hausa a rediyo da kasuwa, a sa ranar zama, a kira Sarkin Ruwa da masu unguwanni da mata, sannan a rubuta dalilin hukuncin yadda wanda bai gamsu ba zai iya kai shi kotu.