Laburnum: itacen ado mai guba

Laburnum itace ne da ake shukawa a lambunan Turai, musamman Birtaniya, saboda furanninsa masu ruwan ɗorawa da ke reto a watan Mayu.

Sai dai kowane sashe nasa na ɗauke da gubar da ake kira cytisine, wadda ta fi yawa a ƙwayoyinsa. Yara ne suka fi shiga haɗari, domin kwanson ya yi kama da na wake.

Wanda ya ci kan yi fama da amai da jiri da ciwon ciki, wani lokaci har da jijjiga. Ba kasafai gubar ke kisa ba, amma likitoci na ba da shawarar a garzaya da yaron asibiti.

A Bulgeriya kuwa, tun shekarun 1960 ake sarrafa cytisine a matsayin maganin daina shan taba.