«Dragon» da macijin ruwa: tarihin wani dodo daga bakin kogin Isa

1. Gabatarwa

Duk mai fassara daga Faransanci zuwa Hausa, ko ba daɗe ko ba jima, zai ci karo da kalmar «dragon». Wani ya ce dodo, wani ya ce maciji, wani ya bar ta yadda take. Yaran Saga, wannan tsohon gari na Zabarmawa da ke bakin kogin Isa wanda yau ya zama unguwa ta Yamai, sun san wannan dabba ta hanyar talabijin da wayar hannu: tana da fukafukai, tana aman wuta. A cikin wannan ɗan rubutu muna son mu nuna cewa ƙasashenmu suna da nasu dodon tun da daɗewa, kuma abin da yake tsaro shi ne ruwa.

2. Dodon baƙi

Asalin kalmar daga Girkanci ne, inda «drakon» ke nufin babban maciji. Larabawa kuwa suna cewa «tinnin». A ƙasar Sin, dabbar da ake kira «long» mai albarka ce, ita ke riƙe da ruwan sama da koguna. Ko a Turai ma, akwai tsohon dodo na ruwa. A cikin littafin tarihin waliyyan Kirista da Jacques de Voragine ya tsara a ƙarni na 13, dodon da waliyyi Georges ya kashe yana zaune ne cikin wani tabki kusa da wani gari na Libiya, ana ba shi tumaki, daga baya ƴaƴan mutane, har ƙuri'a ta faɗa kan ɗiyar sarki.

Amma siffar da ta mamaye duniya a yau wata ce daban. A littafin Tolkien mai suna The Hobbit (1937), dodon yana kwance bisa tarin zinariya. Sunan ya ƙara yaɗuwa da fim ɗin Bruce Lee, Opération Dragon (1973), da zanen Japan Dragon Ball, wanda ya fara fitowa a 1984. A wasan talabijin na Amurka, Game of Thrones (2011-2019), dodanni sun zama makaman yaƙi masu ƙone birane. Ta haka wuta da dukiya suka rinjayi ruwa.

3. Labaru uku na kafa mulki

Na farko shi ne na Daura. Maciji mai suna Sarki yana cikin rijiyar Kusugu, ba ya barin mutane su ɗebi ruwa sai ranar Juma'a. Baƙo Bayajida ya zo da dare, ya sare kansa, ya auri sarauniya Daurama. Daga zuriyarsa, inji labarin, aka samu Hausa Bakwai: Daura, Kano, Katsina, Zazzau, Gobir, Rano da Biram. H. R. Palmer ya buga wani kaulin labarin a 1928, rijiyar kuma tana nan a Daura ana ziyartar ta.

Na biyu na kogin Isa ne kansa. A cikin Tarikh al-Sudan, wanda al-Sa'adi na Tumbutu ya rubuta wajen 1655, kuma Octave Houdas ya fassara zuwa Faransanci a 1900, mutanen Kukiya suna bauta wa wani kifi mai zobe a hanci, wanda ke fitowa daga ruwa yana ba su umurni. Wani baƙo daga Yaman ya soke shi da zago, mutane suka naɗa shi sarki, ya zama kakan sarakunan Za na Songai.

Na uku na Soninke ne. A daular Wagadu, wadda Larabawa suka sani da sunan Gana, macijin Bida yana karɓar budurwa kowace shekara, shi kuma ya saukar da ruwa da zinariya. Da aka zaɓi Siya, sai saurayinta ya kashe macijin. Fari ya biyo baya, daula ta rushe, jama'a ta watse. Charles Monteil ya buga labarin a 1953.

In muka jera su, za mu ga ƙashin bayansu ɗaya ne: ruwa yana hannun wata halitta, jama'a na biyan farashi, sai wani ya zo ya karya wannan ƙa'ida. Sakamakon ne ya bambanta. A Daura da Kukiya kisan ya haifi sarauta. A Wagadu ya kashe ta. Ke nan magabata ba su ɗauki macijin a matsayin mugu kawai ba. Abokin alkawari ne, kuma warware alkawari da shi na iya zama ƴanci, na iya zama bala'i. Masana tarihi da dama suna ganin labarun a matsayin tunawa da sauyin gidan sarauta ko shigowar sabon addini. Mu kuma muna ƙara cewa a Sahel, wanda ya riƙe rijiya ya riƙe gari.

4. Daga baka zuwa majigi

Mutanen bakin kogi, irin na Saga, suna da nasu masu ruwa. Jean Rouch, a littafinsa na 1960 kan addinin gargajiya na Songai, ya yi bayanin Harakoy Dikko, uwar iskoki mai mulkin kogi, da Faran Maka, kakan Sarkawa masunta, wanda ya kara da aljanin ruwa Zinkibaru. A tatsuniyoyin Hausa da Frank Edgar ya tara, aka buga daga 1911 zuwa 1913, da waɗanda Tremearne ya buga a 1913, Dodo yakan haɗiye mutane, sau da yawa kuma a kogi ko daji yake tare hanya.

Masu fim na yankinmu sun ɗauki wannan gado. A 1973 Moustapha Alassane da Anna Soehring sun fitar da Toula ou le génie des eaux, daga wani labari da Boubou Hama ya rubuta: ana fari, boka ya ce sai an ba mai ruwa budurwa, saurayin Tula ya tafi neman ruwa don ya cece ta, ya dawo bayan aikin gama ya gama. Fim ɗin ya fito ana tsakiyar babban farin Sahel, don haka masu kallo ba su ɗauke shi tatsuniya ba. A 2001 Dani Kouyaté na Burkina Faso ya yi Sia, le rêve du python, daga wasan kwaikwayon Moussa Diagana na Muritaniya. A can, babu macijin ma sam: masu iko ne suka ƙirƙira shi don su ci zalin talakawa.

5. Kammalawa

Kogin da ke ciyar da gonakin shinkafa na Saga ya daina gudana a Yamai cikin watan Yuni na 1985, ya kuma yi ambaliya mai muni a 2012 da 2020. Tambayar da tsofaffin labaru suka yi tana nan da ranta: wa ke riƙe da ruwa, wa kuma ke biyan farashinsa?

Shawararmu ga masu fassara da masu tsara littattafan makaranta ita ce a bambanta. Inda dabbar ke tsaron tabki ko rijiya, a ce «macijin ruwa». Inda take tashi sama tana aman wuta, a ce «dodo mai aman wuta». Ya kamata kuma a sa labarin Kusugu, na Kukiya da na Tula kusa da na baƙi, domin yaro ya san cewa kowace al'umma tana ba dodonta gadin abin da ta fi tsoron rasawa. Aikin da ya rage ga ɗalibanmu shi ne su ɗauki na'ura su je wurin tsofaffin Saga da Sarkawan kogi tun suna raye, don in baki ya rufe, labari ya tafi da shi.